Hannun da Na Wanke a Talabijin

Makka, ranar Laraba da hantsi.

Zuwa ga 'yata Ummi,

Assalamu alaikum wa rahmatullah. Bayan gaisuwa mai yawa da fatan wannan takarda za ta same ki cikin ƙoshin lafiya, ina roƙon Allah ya sauke ki Riyad lafiya, ya haɗa ki da mutanen kirki, ya tsare ki daga sharrin hanya da sharrin baki, ya sa aikin nan da kika samu a kamfanin talla ya zame miki alheri duniya da lahira.

Zan cusa takardar nan a aljihun jakarki gobe kafin mu kama hanyar Jidda, don na san halina. In muka isa filin jirgi ba abin da zai fito daga bakina sai "kin ɗauki caja?" da "ki riƙa cin abinci." Da Hausa na rubuta, kuma da gangan. Na san za ki yi tsaki ki ce Abuya ya ba ki aiki, amma kina ji sarai, kina kuma karantawa, amsawa ce kawai kike yi da Larabci. Ni ma bokon nan a hannun alhazan Kano na tsince shi lokacin da nake yi musu tafinta a Mina, saboda haka in kin ga harafi ya karkace ki yi haƙuri da shi. Akwai maganganun da in na faɗe su da Larabci sai in ji kamar wani ne ke faɗa, ni ina gefe ina saurare.

Shekaranjiya mamanki ta tambaye ki ko za ki zo ƙaramar Sallah, kika ce, "In aiki ya bari." Ina bakin ƙofa ina sa takalmi, na ji. Ummi, shekara ashirin da huɗu ina sauraren muryarki, na san "in aiki ya bari" mai nufin ina nan tafe, na kuma san mai nufin kada ku sa rai. Ba ki tafi ba tukuna amma gidan ya riga ya yi mini faɗi. Jakunkunanki na tsaye a falo, kina cikin ɗakinki, ni kuma ina nan ina kewarki. Tsorona ɗaya ne, kada ya zama ni kike gudu, aikin nan hanya ce kawai kika samu. In haka ne ban ga laifinki ba, don kin taɓa yi mini tambaya na ƙi amsawa. Ranar wanka ba a ɓoyon cibi, yau zan amsa miki.

Kina da shekara goma sha bakwai wani ya tono tsohuwar tallar sabulun nan da na fito a ciki, ya sa a waya, ta zagaya har ta iso ajinku. Kika zo rumfar tsirena, inda kika yi shekaru ba ki taka ba, kika miƙo mini wayar kika ce, "Abuya, me ya sa ka yarda?" Na juya tsinke, na barbaɗa ƙuli, na ce ki matsa hayaƙi zai ɓata miki abaya. Daga ranar zuwa yau muna gaisawa, muna cin abinci a tabarma ɗaya, amma ba mu ƙara yin hira ba.

Ga yadda aka yi. Kina da shekara biyar, muna zaune a Nakkasa, a gidanmu na kan dutse wanda yanzu aka rushe. Wata rana da la'asar mutum uku suka tsaya da mota a gaban rumfa, suka ci tsire, suka yaba, sannan babbansu ya ce suna neman mutum irina don tallar garin sabulu. Na ce irina yaya? Ya ce mai fara'a. Da ina da wayo da na tsaya a kan wannan amsar, don Makka cike take da masu fara'a, amma sai da suka hawo dutsen Nakkasa suka sami wanda suke nema.

Ba zan ce miki babu ce ta sa ni ba, ƙarya zan yi, rumfa na ci a lokacin. So nake a gan ni. A garin nan aka binne cibiyata, amma ban taɓa kunna talabijin na ga mai kama da ni ba sai a filin ƙwallo. Na ce a raina yau ɗan Takari zai shiga kowane falo a ƙasar nan ya zauna, ba wanda zai tambaye shi takarda.

Ranar ɗauka na je da tob ɗina, doguwar rigata fara tas, mamanki ta yi masa guga har sau biyu. Suka ce in cire. Suka ba ni wani da suka shafe da mai da gawayi, alhali kin san ni, duk daɗewata a gaban wuta ba wanda ya taɓa ganin ɗigon mai a ƙirjina. Aka ce wata farar mata za ta miƙo mini sabulu, tob ya koma fari, ni kuma in dubi tob, in dubi bayan hannuna, in ɗebi kumfa in goga, in zaro ido in ce, "Ana kaman?" Wato har ni ma zan yi fari? Na faɗa yadda kowane ɗan Makka zai faɗa. Mai ba da umarni ya ce a'a, Larabcina ya yi kyau da yawa, in karya shi, in ja shi irin na wanda ya sauko daga jirgi jiya. Mun maimaita ya fi sau goma. Duk lokacin da na ƙara zaro ido sai dariyar masu kyamara ta ƙaru, ni kuma kaina ya ƙara kumbura.

Abin da ya rufe mini ido shi ne na ɗauka wasan taubasai ne. Mu da tsokana muka tashi. Bakano ya tsokani Bazazzagi, Bafulatani ya tsokani Babarbare, a yi dariya, don kowa ya san wanda aka tsokana zai rama har da gyara. A rumfata ma haka muke da Larabawa masu sayen tsire, su ce hayaƙi ne ya rina ni, in ce su kuma ba su gasu ba aka sauke su, mu tuntsire gaba ɗaya. Na zaci wannan za mu yi a gaban jama'a. Ban lura cewa a talla ba a ba mutum damar ramawa ba. Ana sa maka magana a baki, a yanke, a yi ta maimaitawa safe da yamma, kuma ba ranar da za a juyo da kyamara a ce to yanzu kai ma faɗi taka.

Tunda irin wannan aikin za ki shiga, ki riƙe wannan. Duk ranar da aka kawo abin dariya teburinku, ki tambayi kanki ko wanda ake yi da shi yana da bakin ramawa. In ba shi da shi, to ba wasa ake yi ba, ko da shi da kansa yana dariya. Kada dariyarsa ta ruɗe ki, ni ma na yi tawa ranar har da hawaye.

Da azumi aka fara sa ta, bayan shan ruwa, lokacin da kowane gida ke gaban talabijin. Maƙwabta suka cika falonmu, aka yi tafi, aka yi guɗa, aka ce Haruna ya zama tauraro. Ke kina kan kafaɗata kina tsalle kina nuna ni da yatsa. Mutum ɗaya ce ba ta yi dariya ba, Inna, mahaifiyata, wadda kika ci sunanta. Da aka watse ta kira ni, ta kama hannuna ta jujjuya, ta ce da Hausarta ta Gobir wadda shekara hamsin a Makka ba su taɓa ba, "Haruna, mi kag gani ga hannun ga da kaka son wankewa?" Na ce, "Inna, wasa ne." Ta ce, "To," ta saki hannun.

Kafin Sallah maganar ta fi ƙarfina. Yara a hanya, direbobin tasi, masu kanti, duk wanda ya ga baƙin mutum sai ya goga bayan hannu ya ce ana kaman. An ce tsuntsun da ya ja ruwa shi ruwa kan doka, amma ruwan da na ja har waɗanda ba su san ni ba ya jiƙa. Sabulun bai yi shekara uku a kasuwa ba ya mutu, kamfanin ma ban san inda ya shiga ba, maganar kuwa tana nan. Aikin Hajjin bara ina dafa abinci a wata hema a Arfa, na ji wani mai kula da ma'aikata ya ce wa wata dattijuwa 'yar Nijar da ke shara, "Yalla ya ana kaman, yi sauri!" Na tambaye shi inda ya samo wannan kalma. Ya ce shi bai sani ba, haka ake faɗa. Ina tsaye a gabansa da ludayi a hannu, bai san ni ne ba, ni kuma na kasa gaya masa. Na zuba wa dattijuwar nama fiye da na kowa, ta yi godiya ba ta san dalili ba.

Magana zarar bunu ce, Ummi, ta talla kuwa ta fi kowace wuyar mayarwa. Abin da za ki rubuta a ofishin nan zai fi kayan da ake tallatawa tsawon rai. Kafin ki bari kalma ta fita, ki sa ta a bakin yaron da ya fi kowa rashin kunya a filin makaranta, ki ji yadda za ta fito, ki ga wanda za ta faɗa wa.

Kuskurena na biyu ya fi na farko muni, don wannan karon idona a buɗe yake. Kina aji biyu kika dawo daga makaranta kika shige banɗaki kika daɗe. Da mamanki ta fito da ke, bayan hannuwanki duka biyu ya saɓule, kin goge da sabulun nan da soson ƙarfe na wankin tukunya. 'Yan ajinku ne suka ce ki gwada, ai babanki ma ya gwada. Mamanki ta ce in je makarantar. Na sa tob na fita, na kai har bakin ƙofa, inda zan ba maigadi saƙo ya kai wa shugabar. Yana ganina ya gane ni, ya goga bayan hannunsa yana dariya. Na taya shi dariyar, na juyo gida, na ce wa mamanki an ce za a tsawata wa yaran. Ke kuma na shafa miki man zaitun na ce ki ƙyale su. Na ƙara da cewa ki daina zuwa rumfa, kuma in muna waje ki riƙa amsa mini da Larabci. A ganina kare ki nake yi. Abin da kika koya shi ne akwai abin kunya a gidanmu, kuma babanki ma ya san da shi.

Da can Baba kike ce mini. Ni na kashe wannan suna da bakina, yanzu kuma ba abin da kunnena ke marmari kamarsa. Ina jin daɗin Abuya, amma in 'yar maƙwabta ta ƙwala wa ubanta kira ta ce Baba, har yau sai na waiwaya.

In Allah ya ba ki 'ya'ya, ko ya sa wani a ƙarƙashinki a wurin aiki, ranar da aka ci masa fuska ki je ki tsaya. Ko ba ki iya magana ba, ki bari ya gan ki a tsaye. Yaro na manta abin da aka ce masa a waje da wuri in ya ga na gida bai sunkuyar da kai ba. Ni na sunkuyar da nawa, na kuma kira shi haƙuri.

Kada ki ce wanda wuta ta taɓa ƙona shi ya san zafinta. Kina da shekara goma sha biyar aka kafa wani allon tallar man hasken fata a hanyar Jidda, yarinya ɗaya fuska biyu. A gefe guda tana da duhu ta sunkuyar da kai, a ɗaya gefen ta yi haske tana riƙe da takardar kama aiki. Duk sati ina wucewa ta ƙarƙashinsa in zan sayo nama, ina tsaki, ina wucewa ina tsaki, har ranar da na tsinci kaina a kantin magani ina sayen man. Na kawo miki na ce na ƙuraje ne, alhali ba ki da ƙurji ko ɗaya. Kika karɓa kika yi godiya. Washegari na same shi a kan dardumar sallata ba a buɗe ba. Ranar na san kin fi ni hankali, na yi alfahari da ke har cikin ƙashina, amma kunya ta hana ni faɗa, shi ya sa nake faɗa yanzu.

Kin ga ke nan ba wanda ya fi ƙarfin abin da ido ke gani kullum. Wannan ƙarfin ne za a damƙa miki. Za a zo ana neman fuskar mai shara, ta direba, ta ɗan dako, ki lura da hoton da hannu zai fara kaiwa gare shi. Shara ba abin kunya ba ce, ni ma tsire ne ya rufa mini asiri, ya kai ki jami'a. Abin da ke ciwo shi ne yaro ya girma bai taɓa ganin mai kama da shi riƙe da komai ba sai tsintsiya. Ban ce ki tayar da rigima a makon farko ba, na san zuciyarki, ta Inna ce, ki ɗan danne ta har ki san gari. Amma in aka juyo aka ce, "Ai ke ma kin ga ba komai, ko?" kada ki gyaɗa kai don a zauna lafiya, da gyaɗawarki za su wanke kansu. Kuma ki kiyaye kada ki yi wa wasu abin da aka yi mana. Ni da kaina na sha kwaikwayon Larabcin 'yan Bangladash a rumfa ana dariya, sai daga baya na tuna ban taɓa jin ɗayansu ya rama ba.

Ki riƙa sallah a kan lokaci ko da taro ake yi. Ki dafa abinci ki daina rayuwa a kan shayi da biskit. Ki kira mamanki, ita ba za ta ce tana kewarki ba, sai dai ta yi ta yi mini faɗa a kan abin da ban yi ba.

Saura ɗaya. Wannan kuskuren ya faru tun kafin maganar man nan, amma na bar shi ƙarshe don ya fi nauyi, kuma ko mamanki ba ta san gaskiyarsa ba. Hoton Inna da ke rataye a falo, wanda kike gogewa duk Juma'a, ba fuskarta ba ce. Inna Bagobira ce, tana da zane a kumatu biyu, daga gefen baki zuwa kunne. Ba ta son hoto, sau ɗaya tak ta yarda aka yi mata na kirki. Kina da shekara tara na kai shi wurin mai hoto a ƙara masa girma. A jikin gilashin shagonsa ya jera hotunan mutane kafin gyara da bayan gyara, duk wanda aka gyara ya yi haske ya yi sumul. Ya dubi na Inna ya ce, "In goge waɗannan tabon?" Na tuna ƙawayenki za su shigo falo su gani, na tuna hannuwanki, na ce goge. Ya ce ya ɗan haska ta? Na ce haska. Na bar masa ƙaramin hoton ban ma tambaya ba, shagon kuma ya tafi tare da unguwar. A gida na ce mai hoto ne ya yi gaban kansa.

Da na kai wa Inna ta riƙe shi da hannu biyu ta daɗe tana kallo. Sannan ta ce, "Kyakkyawa ta. Wagga ɗiyar wa ta?" Tambaya take yi, wannan 'yar wace gida ce, don a inda ta fito zane shi ke faɗin gidan da mutum ya fito. Ba ta yi faɗa ba, ta miƙo mini ta ce in rataye tunda na sha wahala. Bayan shekara biyu ta rasu. Kin san maƙabartar garin nan, ba suna ba alama, ko ni ba zan iya nuna miki daidai inda take ba. Abin da ya rage mana na fuskarta shi ne wannan hoto, kuma ni na share ta daga ciki.

A nan ba ni da shawarar ba ki, roƙo gare ni. Na ga aikin da kike yi a kwamfuta, na ga kin mayar wa wani tsohon hoto abin da ya goge. Ina so ki mayar wa Inna zanenta da launinta. Matsalar ita ce na fara mantawa. Na san shida ne a kunci ɗaya, bakwai a ɗaya, na san akwai wanda ya karye kusa da kunne inda ta ce hannun wanzami ya goce, amma na rasa wane gefe ne wane. Nakan rufe ido in nemo fuskarta, sai ta hoton falo ta zo mini. Ummi, uwata ce, kuma ina neman rasa kamanninta.

Ke ce kike zama a cinyarta kina bin zanen da yatsa kina ƙirgawa, tana taya ki da Hausa, ɗaya, biyu, uku. Wataƙila yatsanki ya riƙe abin da idona ya saki. Wannan ba aikin waya ba ne. Sai kin zo mun sauko da hoton, mun zauna ni da ke, ki ce nan ne, in ce a'a can ne, mu yi ta gardama har mu same ta. In ba ki yafe mini ba tukuna, ki zo don ita, ni zan zauna a gefe in jira.

Allah ya kai ki lafiya, ya tsare gabanki da bayanki, ya sa ki fi ubanki ƙarfin zuciya. Allah ya jiƙan Inna, ya yafe mini. Mamanki na gaishe ki tun kafin ki tafi. Allah ya dawo mini da ke ranar Sallah, tun ina iya tuna sauran.

Wassalam.

Ni ne mahaifinki mai kewarki,
Haruna